Yadda ake tashi daga marubucin labari a zama furodusa a Amurka zamanin beben fim

Toh bari mu ƙaddara an ɗauke ka cak an dire ka a birnin New York a shekarar 1912, baka san kowa ba, aljihu ba nauyi, abin da kawai ka iya a duniya shi ne ƙulla labari. Ta ina zaka bi har ka kai kujerar mutumin da shi ke cewa a ɗauki wannan fim a ajiye wancan, wato furodusa? Na jima ina bin sawun mutanen da suka yi wannan tafiya, maza da mata, kuma abin da na lura shi ne kusan dukansu ta ƙofa ɗaya suka shiga, ƙofar takarda. Duk wanda ya iya rubuta labari yadda mai kuɗi zai kalli takardar ya gane nawa zata ci masa, shi ne yake hawa sama. Ga dai yadda abin yake tafiya.

Fara sanin tsawon zaren kafin ka ɗauki biro

A lokacin da ka sauka ɗin nan fim ba ya magana, kuma yawancinsa faifai ɗaya ne, zare mai tsawon ƙafa 1000 wanda yake ƙarewa a cikin wajen kwata ɗin awa, ya danganta da saurin hannun mai juya na'ura. Ƙananan gidajen kallon da ake shiga da senti 5 sun cika gari tun wajen 1905, kuma suna canza fim kusan kullum, kenan kamfanoni irin su Biograph da Vitagraph da Edison da Kalem da Essanay yunwar labari suke yi ba ta wasa ba. Wannan yunwar ita ce damarka. Amma ka riƙe lissafin nan a ka: a kowace ƙafa ɗaya ta zare akwai hoto 16, mai kyamara kuma yana juyawa wajen hoto 16 a sakan guda, kaga ƙafa ɗaya sakan ɗaya kenan. Duk abin da ka rubuta ƙafa yake ci. In ka ce jarumi ya fito daga gida ya hau doki ya tsallaka rafi ya isa gari ya ɗaure dokin sannan ya shiga, ka cinye kashi ɗaya cikin goma na fim ɗinka ba a ga komai ba. Ka sa shi ya hau dokin, sin na gaba kawai a gan shi yana tura ƙofa.

Abu na biyu da zai ba ka wahala, musamman in kai mai daɗin baki ne a rubutu, shi ne babu wanda zai ji muryar kowa. Bazaka rubuta cewa ta tuna alkawarin da mahaifinta ya yi mata shekara goma da suka wuce sai zuciyarta ta karye ba, kyamara bata ɗaukar zuciya. Sai dai ka nemo abin da ido zai gani, ta buɗe akwati ta ɗauko agogon mahaifin ta juya shi ta mayar da sauri da ta ji motsi. Shi ya sa zaka ga finafinan lokacin cike da wasiƙa da zobe da hoto da hula, kayan da ake iya riƙewa a hannu su ɗauki nauyin magana. Akwai allon rubutu da ake sakawa tsakanin sina-sinai, amma shi ma zare yake ci, sai an bar shi ya daɗe yadda mai karatu a hankali zai gama, ga shi kuma da yawa daga masu kallon baƙi ne da suka shigo Amurka daga Italiya da Rasha da Foland basu gama jin Turanci ba. Ka yi rowar allo. In sin zai tsaya da ƙafarsa ba allo toh ka bar shi haka.

Yadda zaka tsara takardar ka tura

Su basa son gajeren labari irin na mujalla, akwai tsarin da editocin kamfani suka saba gani. Da farko taƙaitaccen labarin a sakin layi ɗaya ko biyu, don shi kaɗai editan zai karanta ya yanke hukunci, in bai kama shi a nan ba ko shafi na biyu bazai buɗa ba. Sai jerin mutanen da ke cikin labarin. Sai jerin wurare, kowane wuri da lambobin sina-sinan da za a ɗauka a cikinsa, misali falo sin na 1 da 4 da 9, bakin titi sin na 2 da 7. Sannan sina-sinan kansu ɗaya bayan ɗaya da lamba, gajeru, aiki zalla. Ka buga da tafireta a fuska ɗaya ta takarda, ka sa wata ambulan mai adireshinka da kan sarki a ciki don su dawo maka da kayanka in basu so, kuma ka ajiye kwafin kabon. Mujallar Moving Picture World tana da shafi na musamman da wani Epes Winthrop Sargent yake koyar da masu irin wannan rubutu, ka dinga saye kana dubawa, a nan zaka san wane kamfani yake neman na kaboyi wane yake neman na barkwanci.

Jerin wuraren nan da na ambata kar ka raina shi, a ganina ma ya fi labarin muhimmanci ga makomarka. Shi ne wurin da kake nuna ka san kuɗi. Labarin da ke da ɗaki biyu da lambu ɗaya da mutum biyar ya fi saurin sayuwa akan wanda ya buƙaci jirgin ruwa ya nutse, ko da na jirgin ya fi daɗi.

Kuɗin fa? Kar ka sa rai da yawa. Anita Loos tana San Diego ta tura wa Biograph labari ta gidan waya aka aiko mata da dala 25, kuma a 1912 darakta D. W. Griffith ya ɗauki labarinta na The New York Hat da ƴan wasa Mary Pickford da Lionel Barrymore a ciki, alhali a lokacin bai taɓa ganin fuskarta ba. Haka kasuwar take, ka sayar an biya ka an gama, sau da yawa ko sunanka ba za a sa a jikin fim ba. Don haka yawa zaka yi, ka tura wannan kafin amsa ta dawo ka gama wani.

Wani gargaɗi kafin mu wuce, kar ka ɗauki littafin wani ka juya shi ka ce ai fim ne daban. An gwada. A 1907 kamfanin Kalem ya mayar da littafin Ben Hur fim na faifai ɗaya, Gene Gauntier ce ta rubuta, ba a nemi izinin kowa ba don a lokacin haka kowa yake yi. Masu buga littafin da magadan marubucin, Lew Wallace, suka kai ƙara, magana ta je har Kotun Ƙoli, a 1911 aka yanke cewa Kalem ta ci haƙƙi, ta biya dala 25,000. Tun daga nan kamfanoni suka shiga taitayinsu, kuma wannan hukunci alheri ne gare ka don ya sa sabon labari na ƙashin kanka ya yi daraja.

Ka shige ciki kafin a rufe ƙofa

Nan ne mutane da yawa suka makara. Turo labari daga gida ta gidan waya kasuwa ce mai ƙarewa. Daga wajen 1913 zuwa 1915 fim ya tashi daga faifai ɗaya ya koma biyar ko fiye, awa guda da wani abu, kuma irin wannan ba a gina shi akan shafi biyu da wani baƙo ya aiko. Kamfanoni suka buɗe sashen labari na kansu da ma'aikata masu albashi, suka koma sayen littattafai da wasannin dandamali da suka riga suka yi suna, ga kuma tsoron masu kai ƙara cewa an sace musu labari, har ta kai ana mayar wa mutane ambulan ɗinsu ko buɗewa ba a yi ba. Makarantun koyon rubutun fim ta wasiƙa kuwa suka ci gaba da karɓar kuɗin jama'a suna musu romon baka, ni dai da zaka ji tawa da kuɗin makarantar ka sayi tikitin jirgin ƙasa.

Tikitin ina? Da farko harkar tana New York da Fort Lee a jihar New Jersey, tsallaken kogi kawai, sai Shikago. Amma tun 1911 da kamfanin Nestor ya buɗe situdiyo a Holiwud ayari ya fara juyawa yamma, saboda rana kusan duk shekara, ga dutse ga teku ga hamada a kusa, ga arhar fili da ta ma'aikata, ga kuma nisa da ƴan sa-idon gungun kamfanonin da Edison ya haɗa a 1908 masu cewa duk mai ɗaukar fim sai ya biya su kuɗin lasisin na'ura. In ka kai 1915 baka isa Los Angeles ba ka yi sake.

Da ka isa ka karɓi duk aikin da aka ba ka a cikin shingen situdiyo. Mai karanta labaran da aka turo, mai riƙe takarda a gefen darakta yana rubuta abin da aka ɗauka, mai taya yankan fim, ko ma ɗan cika taro a bayan jarumi. Marubuciya Frances Marion haka ta fara a 1914 a ƙarƙashin darakta Lois Weber, tana ɗan fitowa a fim tana taya rubutu tana leƙa ɗakin yanka. Jeanie Macpherson ƴar wasa ce kafin ta zama marubuciyar darakta Cecil B. DeMille ta shekara da shekaru. June Mathis daga dandamali ta fito. Ɗakin yanka ɗin nan musamman ka lizimce shi, a nan zaka ga da idonka sin ɗin da ka kwana kana ƙawatawa an datse shi an jefa kwando, kuma ka gane dalili.

Koyi rubutun da Ince yake so

In akwai wuri ɗaya da zan ce ka yi duk yadda zaka yi ka shiga, toh wajen Thomas Ince ne. Mutumin nan ya kama wani makeken fili a bakin teku kusa da Santa Monica har ake kiran wurin Inceville, ya ɗauko ƴan wasan dawaki na 101 Ranch da dawakansu da shanunsu da kekunan doki ya ajiye, yana fitar da finafinan kaboyi kamar ana gasa burodi. Da farko shi yake ba da umarni da kansa, da aiki ya yi yawa sai ya ga bazai iya tsayuwa a wuri biyar lokaci ɗaya ba, sai ya koma ofis ya bar daraktoci da yawa suna ɗauka a lokaci guda, shi kuma yana riƙe da su ta hanyar takarda.

Takardar ita ce abin koyo. Cikakken sikirif ne da aka fasa labarin gaba ɗaya zuwa ɗauka-ɗauka, kowace da lamba, an faɗi ciki ne ko waje, dare ne ko rana, su wa ke ciki, kyamara kusa ko nesa, me allo zai ce, har kalar da za a rina zaren, don a lokacin shuɗi ake rina sin ɗin dare tunda da rana tsaka ake ɗaukarsa. Ince zai zauna da marubuci su bi ta layi-layi kafin a kunna kyamara, in ya sa hannu darakta ya tafi ya ɗauko abin da ke rubuce, in an dawo kuma Ince ɗin ne a ɗakin yanka. A jikin takardar ake liƙa lissafin abin da aka kashe, albashi nawa, zare ƙafa nawa, kwana nawa aka yi.

Ka ga abin da wannan ya haifar? Tunda komai na da lamba, ba sai an bi labari daga farko zuwa ƙarshe ba, duk sina-sinan falo a ɗauke su rana ɗaya ko da ɗaya na farkon fim ne ɗaya na ƙarshe, a rushe falon a gina kurkuku a wurin. Kuma tun kafin a kashe ko senti ana iya ƙirga kuɗin fim daga takarda. Toh wa ya fi kowa sanin takardar nan? Kai da ka rubuta ta. Daga ranar da ka iya kallon shafi ka ce wannan kwana biyu ne da mutum 40 da doki 12, in an mayar da shi cikin ɗaki kuma rabin yini ne, ka fara aikin furodusa ko da ba a kira ka da sunan ba tukuna. Babban marubucin Ince, C. Gardner Sullivan, ɗan jarida ne da ya fara da turo labari, ya zo ya zama shi ke rubuta wa jarumin kaboyi William S. Hart manyan finafinansa irin su Hell's Hinges na 1916, daga baya ya koma mai sa ido akan aikin wasu marubutan da shirya fim.

Ka manne wa tauraro, amma ka san me kake sayarwa

Hanya mafi sauri ta samun ƙarfi ita ce wani jarumi ko jaruma da jama'a ke rububi su ce in ba kai ba basa yi. Frances Marion da Mary Pickford haka suka yi. A 1917 sun yi The Poor Little Rich Girl, suka cusa barkwancin da darakta bai so ba, manyan kamfani suka kalla a ɗaki shiru ba wanda ya yi dariya suka ce an yi asara, da aka kai silima kuwa jama'a suka yi ta ƙyaƙyatawa fim ya yi kasuwa. Daga nan Pickford ta riƙe Marion gam, albashin Marion ya kai dala 50,000 a shekara. Darasin da ke ciki ƙarami ne amma mai amfani, kar ka taɓa yarda a yanke wa fim ɗin dariya hukunci a ɗakin da mutum biyar masu ƙirga kuɗi ke zaune. Anita Loos ita ma da John Emerson su suka gina wa jarumi Douglas Fairbanks irin halin da aka san shi da shi a farko, kuma ita ce ta nuna cewa allon rubutu kansa yana iya ba da dariya.

June Mathis ta wuce nan ma. Tana shugabar sashen labari a kamfanin Metro ta matsa aka ɗauki The Four Horsemen of the Apocalypse, ita ta rubuta, ita ta ce Rex Ingram ne darakta, ita ta nace sai an ba wani ɗan Italiya da ba a san shi sosai ba babban matsayi, Rudolph Valentino kenan. Fim ya fito 1921 ya kwashi kuɗi na fitar hankali. Zaɓen labari, zaɓen darakta, zaɓen jarumi, ai aikin furodusa ne cif, sunan ne kawai ba a rubuta mata ba. Amma ka ji ƙarshen, don akwai abin tsoro a ciki. A kamfanin Goldwyn ta dage sai an je Italiya an ɗauki sabon Ben-Hur, aiki ya cuɗe a can kuɗi na ta zuba ba abin nunawa, ana cikin haka a 1924 aka haɗe kamfanoni aka haifi MGM, sababbin shugabanni Louis B. Mayer da Irving Thalberg suka cire darakta suka cire jarumi suka cire ta, aka ƙarasa fim ɗin a Kalifoniya da kuɗi kusan dala miliyan 4. In ka kai aiki inda idon ofis baya kaiwa kuma lissafi ya kuɓuce maka, ba ruwan kowa da nasarar da ka kawo shekara uku baya. Mathis ta rasu 1927 tana kallon wasa a wani gidan dandamali a New York, kuma kabarinta na gefen na Valentino, don da ya mutu a 1926 da bashi a kansa ita ta ba da wurin da aka sa shi.

Kamfanin kanka ko ofishin wani

Yanzu ka kai mararraba. Ko dai ka buɗe naka, ko ka hau a cikin na wasu.

Buɗe naka akwai daɗin suna. Gene Gauntier ta yi a 1912, Lois Weber ta yi a 1917 da situdiyonta na kanta, kuma a lokacin tana cikin daraktocin da suka fi kowa albashi. Matsalar ita ce yin fim rabin aiki ne, rabin kuma wa zai kai shi silima. Manyan kamfanoni sun fara saye gidajen kallo suna kuma tilasta wa masu silima su ɗauki finafinansu a dunƙule, mai kyau da marar kyau, kai mai fim ɗaya a hannu ina zaka samu allo? Shi ya sa ma Chaplin da Pickford da Fairbanks da Griffith suka haɗu suka kafa United Artists a 1919, don rarraba kayansu da kansu. Kai da baka kai su ba, kar ka ciyo bashin ɗaukar fim sai kana da takardar mai rarrabawa a hannu, ko kuma ka shirya sayar da haƙƙin nunawa jiha-jiha ga ƴan kasuwa. Kamfanin Weber bai wuce farkon shekarun 1920 ba, ta rasu 1939 ba ta da komai, Frances Marion ce ta biya kuɗin jana'izarta, yarinyar da ta ɗauka aiki a 1914.

In kuma kai baƙar fata ne, gaskiya duk abin da na faɗa a sama na shiga situdiyo ka manta da shi, ƙofar a rufe take. Hanyarka ita ce ta Oscar Micheaux. Ya yi aikin hidima a jirgin ƙasa, ya yi noma a South Dakota, ya rubuta littafi yana bi gida-gida yana sayarwa da kansa. Wani kamfanin baƙaƙe mai suna Lincoln ya nemi ya mayar da littafinsa The Homesteader fim, ya ce sai dai shi ya ba da umarni, suka ƙi, sai ya koma wajen mutanen da suka saba sayen littafinsa har da manoma farare ya sayar musu da hannun jari, fim ya fito 1919. Shi ne marubuci shi ne darakta shi ne furodusa shi ne mai yawo da faifai gari-gari yana ciniki da masu silimar unguwannin baƙaƙe, ya karɓi kuɗin wannan ya zuba a na gaba. A haka ya yi fim sama da 40.

Hawa a cikin gidan wasu kuwa misalinsa Darryl Zanuck. A 1924 kamfanin Warner suka ɗauke shi yana rubuta wa kare labari, eh kare, Rin Tin Tin, wanda a lokacin shi ke riƙe da kamfanin. Saurin rubutunsa ya yi yawa har sai da ya dinga sa sunayen bogi guda uku don kar a ga suna ɗaya a kowane fim. Bai raina aikin ba, ya zauna a ɗakin yanka, ya san me ke sa ɗan kallo ya gyara zama, kafin ya cika shekara 30 shi ke kula da duk abin da kamfanin ke ɗauka. A 1933 ya fita suka kafa Twentieth Century da Joseph Schenck, 1935 suka haɗe da Fox.

Almakashin hukuma

Wannan a gurguje. Shikago ta fara tace fim tun 1907, jihohi irin su Pennsylvania da Ohio da Kansas da Maryland da New York suka kafa nasu hukumomin, kuma a 1915 Kotun Ƙoli ta ce fim kasuwanci ne kawai bai shiga cikin ƴancin faɗin albarkacin baki ba. Kowace jiha da abin da take yankewa. A 1922 kamfanoni suka ɗauko wani ɗan siyasa, Will Hays, ya zame musu garkuwa. Dabarar marubuci mai tunanin furodusa ita ce duk sin ɗin da kake zargin za a taɓa, ka gina shi yadda in an cire shi labarin bazai rushe ba, kar ka ɗora bayanin da ake buƙata a cikinsa.

Ranar da fim ya buɗe baki

Oktoba 1927 Warner suka saki The Jazz Singer, kafin ƙarshen 1929 beben fim ya zama tsohon yayi a Holiwud. In sana'arka allon rubutu ce kaɗai toh ta mutu, a bikin Oscar na farko a 1929 an ba Joseph Farnham kyautar rubutun allo, ba a sake ba da irinta ba har yau. Kamfanoni suka dinga kwaso marubutan dandamali da ƴan jarida daga New York don su rubuta magana, da yawansu kuma suka cika fim da surutu mutane a tsaye kamar an dasa su kusa da makirfon. Kai da ka koyi ba da labari da ido kana da abin da basu da shi, maganar kawai zaka koya, ka sa ta gajera. Frances Marion ta tsallake lafiya lau, ta ci Oscar da The Big House na 1930 ta sake ci da The Champ na 1931.

Ka kuma karanta kwantiraginka da kyau, don a tsarin situdiyo duk abin da ka rubuta na kamfani ne, ana iya ba mutum uku su sake shi baka sani ba, sa suna a jikin fim kuma furodusa ke yi wa wanda ya ga dama. A Maris 1933 da bankuna suka rufe aka zaftare wa ma'aikata rabin albashi na sati 8, waɗanda ke da ƙungiya aka kasa taɓa su yadda aka so, marubuta kuwa aka yanke. Wata guda bayan nan suka tayar da ƙungiyar marubutan fim, John Howard Lawson shugaba, Marion mataimakiya. In ka riga ka zama furodusa a lokacin, a ɗaya gefen teburin zaka samu kanka, kana fuskantar abokan da kuka fara tare.

Sai maganar ajiya. Zaren lokacin na naitiret ne, yana ruɓewa yana kuma kamawa da wuta da kansa in ya ji zafi, kamfanoni ma da kansu suna narkar da tsofaffin finafinai don su cire azurfar jiki. A 1937 ma'ajiyar Fox da ke Little Ferry a New Jersey ta ƙone da mafi yawan bebayen finafinansu, kuma binciken ɗakin karatu na majalisar Amurka ya nuna kusan kashi 70 cikin 100 na dogayen bebayen finafinan ƙasar sun ɓata gaba ɗaya. Wani abin mamaki, da yawa daga na kafin 1912 da suka tsira takarda ce ta cece su, don a lokacin doka bata san fim ba, sai kamfanoni suka dinga buga hotunan a doguwar takarda suna kaiwa rajista a matsayin hoto, wajen 3000 aka samu a haka aka sake mayar da su fim. Don haka in fim naka ne, ka sa a kwantiragi cewa kwafi ɗaya naka ne, ka ajiye shi wuri mai sanyi nesa da uwar fim ɗin, wato asalin zaren da ake buga kwafi daga jikinsa, ba a ɗakin da kake kwana ba. Kwafin kabon na sikirif kuma, da takardar lissafin da ke liƙe a bayansa, ka zuba su a akwatin ƙarfe ka rubuta shekara a murfin.